Tabon da Baba Ɗanjuma ya bari a hannuna

Da safen nan ina wanke-wanke Yaya Hadiza ta shigo da waya a hannu ta ce, "Baba Ɗanjuma ya rasu a Roni." Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Har yanzu kwanukan suna cikin ruwa.

Da wayarta nake rubuta wannan. Ban taɓa yin rubutu a shafin nan ba.

Maƙwabcinmu ne a Kazaure. Idan kun taɓa ganin jini ko ƙuna a ƙananan finafinan da ake ɗauka a yankin nan, aikinsa ne. Ya ce ya fara tun zamanin da kuɗin mai suka shigo, ana wasan kwaikwayo a filin makaranta. Jininsa zoɓo ne da ƙaro. Ruwan samansa kuwa gwangwani ne da ya huda da ƙusa.

Tun da na gama firamare ba na zuwa ko'ina sai zaurensa. A hannuna yake gwada ciwo kafin ya sa wa 'yan wasa. Yakan ce, "Jikalle, ke kaɗai ce mai iya yin shiru har ƙaro ya bushe. Waɗancan taurarin baki gare su kamar rediyo."

Wata rana mai tallan nono ta ga hannuna ta fasa ihu, "Tsoho, ka kai ta asibiti mana!" Ya yi dariya har hularsa ta faɗi, sannan ya sayi nonon ya ba ni.

Kullum sama da gwiwar hannu yake sa mini, don kada ya tare ruwan alwala.

Ranar da zai tafi Roni ya yi mini tabon ƙuna da wani sabon haɗi. Ya ce, "Kada ki cire sai na dawo. So nake in ga ko zai jure gumi."

Yana nan a hannuna.

Inna ta ce in jiƙa da ruwan ɗumi in cire, wai ba kyau in zauna da shi. Na kasa. In na bar shi kuma, gefensa ya fara ɗagawa.

Ɗazu daraktan 'yan fim ɗin ya zo gaisuwa, ya biyo ta gidanmu. Na ji shi yana tambaya ko Baba ya gwada sabon haɗin kafin ya tafi. Ina bayan labule, riƙe da hannuna, har ya sa takalmi ya tafi.

To bari in faɗa a nan. Baba, ya jure gumi. Har surfe na yi da shi bai motsa ba.

Allah Ya gafarta maka, Ya sanyaya makwancinka. Duk wanda ya karanta, don Allah ya sa shi a addu'a, ko sau ɗaya ne.