Mai Share Sawu

Na Baya ake ce masa, kuma sunan ya bi shi, domin aikinsa ke nan shekara da shekaru: masu ɗaukar fim su yi gaba da kyamarorinsu, shi kuma ya biyo da baya-baya yana share sawunsu da tsintsiya. Fim ɗin daji da namun daji suke yi, kuma darakta ba ya son ganin alamar ɗan Adam a hoto. Ko kashin akuya ne, sai Na Baya ya tsince shi.

A gindin wani tudu aka haife shi, tudun da rana ke narkar da takalmin roba, iska kuma ta cika wa mutum baki da yashi. Makiyayi ne ɗan makiyayi. Da fari ya cinye dabbobin, sai ya koma ɗaukar kayan baƙi, ƙafar kyamara a kafaɗa, jarkar ruwa a hannu. Zuciya gare shi. Matarsa kan ce ko ƙofa ce ta buge shi sai ya rama. Amma a wurin aiki haɗiyewa yake yi, don akwai bakuna a gida.

Abu ɗaya ya taɓa roƙon masu fim ɗin. A saman tudun kabarin mahaifinsa yake, can ajali ya same shi yana kiwo, can aka rufe shi. Saman shimfiɗe yake, ko'ina iri ɗaya, ba itace ba rami. Fararen duwatsun da Na Baya ya jera da hannunsa su kaɗai ke nuna wurin. Ya kai darakta har gabansu ya ce don Allah kada a taɓa. Darakta ya gyaɗa kai, idonsa na kan kyamara.

Ranar da za su ɗauki hoto daga sama da ɗan jirginsu mai kyamara, aka aike shi ƙasa ɗauko batura. Ya hauro da la'asar, harshensa a bushe. Ko ruwa bai sha ba aka miƙa masa tsintsiya, wai sun tattake filin, ya yi maza kafin rana ta faɗi. Ya sunkuya ya share da baya-baya yadda ya saba, bai ɗaga kai ba sai da filin ya yi sumul.

Da ya miƙe zai yi wa tsohon addu'a, ya duba bai ga dutse ko ɗaya ba. Ashe farinsu ne ya ɓata musu hoto, suka kwashe suka watsa a kwazazzabo. Gurbin da suka bari da sawun waɗanda suka kwashe su kuwa, shi ya share su yanzun nan da hannunsa.

Ya cakumi wuyan rigar darakta. Darakta ya ce ya kwantar da hankalinsa, da an gama za a mayar masa.

"Ku mayar ina?" in ji Na Baya.

Mutumin ya nuna can, ya sake nuna wani can, ya sauke hannu. Na Baya ya ce to a buɗe hoton farko mai duwatsun a duba. Suka ce sun goge, ai bai yi kyau ba. Nan ya karya tsintsiyar a gwiwa, ya zage su tas, ya sauka. Rabonsa da aikin fim ke nan.

Duwatsun ya tsinto su. Yakan hau da su a buhu, ya yi ta zagaye, ya sauko da abinsa, don ya rantse ba zai jera su a kan ƙasar banza ba. Kuma bai gaya wa mahaifiyarsa ba, wadda ƙafa ta daɗe da hana ta hawa.

Da fim ɗin ya fito, 'yarsa ta kawo shi a waya, gida duka aka taru a tsakar gida. Ga tudun nan tas, wata murya mai daɗi tana cewa wannan ƙasa ce da ɗan Adam bai taɓa takawa ba. 

Tsohuwar ba ta ji abin da aka ce ba. Ta matso da wayar kusa da idonta, tana murmushi.

"Nuna mini inda babanka yake."

Ya ɗaga yatsa, ya rasa inda zai sa.