Tukunyar Unguwa a Cikin Kwamfutar Malam

Kwamfutar da maigidana ya kawo mana gida a Azare ta hannu ce, wato ba sabuwa ba, irin mai ƙatuwar ƙeyar nan, a shekarun da wayar salula ta fara shigowa gari. Ya ajiye ta a shagon da ke jikin zaure, yana buga wa mutane katin biki da takardun neman aiki. Ni ban taɓa taɓa ta ba sai da tsumman goge ƙura. Karatuna a aji huɗu na firamare ya tsaya. Amma tagar shagon a tsakar gida take buɗewa, daidai inda nake zama in yi tankaɗe, Malam kuwa, maigidan nawa, mutum ne da ba ya iya karatu a zuci. Duk abin da kwamfuta ta rubuto sai ya karanta da ƙarfi, ya fassara wa kansa da Hausa, ya kuma ba ta amsa kamar tana ji.

Wata Talata na ji shi yana shara a cikinta. Akwai wani tsohon shirin koyon buga rubutu da ta zo da shi, ya ce ya cika masa wuri. Yana cikin cirewa sai ta tsayar da shi da tambaya.

“Wai akwai fayil na tarayya,” in ji shi. “Wai a ganinta babu mai amfani da shi yanzu, amma in akwai, to zai daina aiki. A cire ko a bari? A cire mana! Ni ba na son tarkace.” Ta sake tambaya, ya ce kai, i ga duka.

Na ci gaba da tankaɗena.

Washegari 'yar farinmu, wadda a lokacin take zuwa makarantar koyon kwamfuta, ta dawo daga kafe, shagon intanet, da faifan nan ɗan murabba'i, ta sa a ciki don ta duba darasinta. Da ta tashi Malam ya zauna zai yi kati. Shirin rubutu ya ƙi buɗewa, na zane ma ya ƙi. Daga madafa na ji muryarsa: wai yarinya ta kwaso masa cuta daga kafe, daga yau ba kafe, ba makarantar, ta zauna gida. Yarinyar da take tashi tun da asuba ta gama aikinta don kada ta makara. Saura wata biyu ta karɓi takardarta.

To ni Bafulatana ce ta raine ni, kakata, a Gamawa. A wurinmu uwa ba ta kama sunan ɗan fari, balle ta tsaya masa a gaban uba. Ko ciwo yake yi, sai dai ki aika wata ta tambayo miki. Kwana biyu ina ganin yarinyar nan tana wanke-wanke ido ya yi ja, ban ce mata ko sannu ba. Abin yana cina. Na san ba ita ba ce, amma ba ni da bakin faɗa, kuma ban ma san yadda abin da na ji ranar Talata ya haɗu da wannan ba. Abin da ya yi ta dawo mini a rai shi ne kalmar tarayyar nan, da wata tukunya.

Ranar Asabar da hantsi mai gyara ya zo, wani ma'aikacin ƙaramar hukuma, Kirista daga kudancin Bauchi, mutum mai fara'a da yake ce mini Mama ko da yake ya kusa sa'ana. Na ji ya ce akwai fayil da ya ɓace, mai yiwuwa cuta ce ta cinye shi, mafi sauƙi a wanke kwamfutar gaba ɗaya. Malam ya ce, “Ka ji ko? Na faɗa.”

Na zuba kunun zaƙi a jug, na yafa mayafi, na tsaya a bakin labule.

“Sannu da aiki, Malam mai gyara. Ga ɗan ruwa.”

“Mama ke nan! Kullum sai kin ɓata mini ciki kafin azahar.”

“Ai kai ka ƙi ƙiba. Bari in tambaye ka, ka san tukunyar unguwarmu?”

Maigida ya ce, “Hajiya, aiki muke yi.”

“Yanzu zan tafi, Malam.” Na kuwa gyara tsayuwa. Na ba shi labarin wata baiwar Allah 'yar Bulkachuwa da ta zo unguwar nan da ƙatuwar tukunyar ƙarfe mai cin tiya goma. Tun daga zuwanta ba wanda ya ƙara sayen tasa. Suna, biki, sadakar bakwai, ita ake ɗauka. Da mijinta ya rasu 'yan uwanta suka zo kwashe kaya, suka tarar da tukunya a kife, suka tambaya ko akwai mai amfani da ita. A ranar dai ba ta kan wuta, aka ce babu, suka tafi da ita. Mako bai cika ba gida uku suka tashi da suna, kowa ya aika gidan da ya saba aikawa, babu tukunya.

“To shi ne nake cewa, ranar Talata da muka yi shara a cikin abin nan, na ji ta tambaye mu wani abu na tarayya, muka ce ta cire duka. Ko ita ma tana da irin tukunyar nan?”

Mai gyara ya ajiye kofi. “Mama, me kuka cire?”

Malam ya yi gyaran murya, ya faɗi sunan tsohon shirin da kansa. Mutumin ya tafa hannu yana dariya.

“Wallahi Mama kin gama aikin! Akwai fayilolin da ake kira DLL. Shirye-shirye ba sa zuwa kowa da komai nasa, abu ɗaya ake ajiyewa a wuri ɗaya, duk mai bukata ya je ya ara. Har burauzar da ake duba intanet da ita, injin da ke shimfiɗa mata shafi aronsa wasu suke yi. Wancan tsohon shirin ya zo da tukunya, ya tafi da ita. Ba ruwan faifan kafe.”

Ya hau babur ya je ya kwafo fayil ɗin daga wata kwamfuta irin tamu sak. Ya ce dole sai irin ta, don in tukunya ta zo da girman da ba shi ba, murfin gida ba zai hau ba. Kafin azahar shirin rubutu ya buɗe, na zane ya buɗe, katunan Malam na nan yadda ya bar su. Ni dai na ɗauki jug ɗina na koma ciki, ƙafata kamar ba ta taɓa ƙasa.

Litinin da safe Malam yana shan koko, bai ko ɗago kai ba, ya ce, “Ki ce wa waccan ta yi sauri, kada ta makara.”

Ban ce mata ba, don tana tsaye bayan ƙofa da littafinta a hannu tun kafin ya buɗe baki. Da za ta fita ta durƙusa gefena, ta ce a hankali, “Inna, na gode.”

Na ce, “Da me? Ni maganar tukunya na yi. Tashi ki ba ni wuri, kin tare mini rariya.”