Shirun Alhamis na Nasrullahi Dillali

Nasrullahi dillalin shanu ne a karar Maigatari, kamar ubansa Sa'idu. Layinmu ɗaya a Gumel, na san shi tun yana rarrafe. Shekara ashirin da shida da bakinsa yake ci.

A 2016 ya raka wansa Indiya aikin ƙoda. Wata biyu ya yi, ya dawo da tabarmar roba da wani abu wai yoga. Ni ba baƙona ba ne. A makarantar mishan, 1964, malaminmu na lissafi, Mista Narayan, Ba'indiye ne. Kowace safiya yakan naɗe ƙafafu ya tsare numfashinsa. Ya ce mana manufar ita ce hankali ya kwanta kamar ruwan randa, har a ga gindinta. Ƙarfe bakwai da rabi yana gaban allo, bai taɓa makara ba.

Nasrullahi kuwa abu ɗaya ya kwaso. Malamin da ya koya masa yoga a can ba ya magana ran Alhamis, shi ma ya ɗauki alwashi. Alhamis ce kasuwar Maigatari ke ci.

Na ce, "Kai, mayar da shi Talata mana."

"Baba, ba ni na sa ranar ba. Shekara dubu uku ke nan ana yi."

"Su ma ran Alhamis suke sayar da shanu?"

Bai ji ba. Ya tafi kara, ya shimfiɗa tabarmarsa a rumfar ubansa, ya rufe baki.

Da hantsi Hamma ya iso daga Damagaram da shanu arba'in. Tun zamanin Sa'idu a rumfar nan yake ajiye sandarsa, alamar nan ya ba da dillancin shanunsa, kuma inda ya ajiye, nan sauran makiyayan ƙasarsu suke ajiyewa. Ya yi sallama sau uku. Nasrullahi ya haɗa tafin hannuwansa a ƙirji, ya yi murmushi.

"Ɗan Sa'idu, lafiya? Ubanka ko zazzaɓi yake yi sai ya tashi ya karɓi sandata."

Ya ƙara masa wani murmushin. Hamma ya juya, ya miƙa wa Usaini na rumfar gaba sandarsa.

Ran Juma'a da safe baki ya buɗe, Nasrullahi ya fita neman Hamma ya yi masa bayani. Hamma ya riga ya tsallake iyaka.

Har yau yana zuwa kara da tabarmarsa, yana shirun Alhamis ɗinsa. Ba mai katse shi, domin ba mai yi masa sallama.