Sunan da Hindou Take Kira a Filin Ƙanƙara

Rumasa'u Iliyasu ta buga wasa saba'in da ɗaya a matsayin ƙwararriyar 'yar hoki, wato ƙwallon gora na kan ƙanƙara, kuma sau uku kacal ta zura a raga. Idan mijinta Yahya ya tsokane ta da wannan, sai ta ce ai ba don ci aka ɗauke ta ba. 'Yar baya ce. Aikinta ta tsaya tsakanin abokan hamayya da golanta, ta yi ta sulɓi da baya da baya tana kallon ƙirjin mai tahowa, in ta kama ta zube a gaban ɗan faifan robar da ake bugawa ya same ta a jiki.

A Zariya aka haife ta, a 1990. Tana da shekara huɗu mahaifinta ya kawo su Minnesota, inda ya zo karatun aikin gona. Wata maƙwabciya ce ta ba ta tsohon takalmin ƙanƙara tana da shekara bakwai. Ta buga wa makarantar sakandare, ta buga wa jami'a, sannan ta yi kakar wasa huɗu a wata ƙungiya ta arewa maso gabas, daga 2015 zuwa Fabrairun 2019, lokacin da gwiwarta ta hagu ta murɗe. An yi mata aiki sau biyu, ba ta koma ba.

A 2021 aiki ya kawo Yahya Greensboro, garin da ƙanƙara sai wadda inji ya daskarar. Nan ta karɓi horar da 'yan mata 'yan ƙasa da shekara goma sha huɗu, ita da mataimakinta Seth, Talata da Alhamis atisaye, Asabar wasa.

Cikin yaran akwai Nadia, 'yar Soumaïla direban babbar mota da matarsa Hindou mai shagon kitso a East Greensboro, mutanen Maraɗi. Rumasa'u ba ta taɓa horar da yarinya mai ganin hari tun kafin ya taso kamarta ba. 'Yan baya bibbiyu suke shiga fili, bibbiyu suke fita, kuma abokiyar tsayuwar Nadia wata doguwar yarinya ce mai suna Jolene.

Wata Alhamis cikin Nuwamba, Nadia ta tsaya bayan kowa ya fita, ta ce wasan jibi shi ne na ƙarshenta. Da Hausa Rumasa'u ta tambaye ta dalili, da Turanci yarinyar ta amsa, kamar kullum.

"Koci, Mama ba ta fashin zuwa wasa. Amma kin taɓa jin ta kira sunana? Jolene, Jolene, Jolene. Duk yaran sun lura, har tambayata suke ko riƙona take yi. Ta ɗauki Jolene ɗin mana, ni na gaji."

Ba ta yi kuka ba, sai igiyar takalminta da take ta kwancewa tana sake ɗaurewa.

"Nadia, ke ce babba a gidanku?"

"E."

"To kin san a wajenmu uwa tana jin kunyar 'yar fari. Ba ta kama sunanta, ba ta yaba mata a gaban mutane."

"Na sha jin wannan," in ji Nadia. "Kunya ce ta sa take yabon 'yar wasu?"

Rumasa'u ta tuna gidansu. Ita ma 'yar fari ce. Shekara talatin da huɗu mahaifiyarta, Hajiya Hafiza, ba ta taɓa kiran sunanta ba, sai dai "ke" ko "yayar su Uwaisu", ta laɓe da sunan ƙaninta. Amma ita ta taso tana jin kakarta a waya tana yi wa Hajiyar irin haka, don haka abin bai taɓa yi mata ciwo sosai ba. Nadia kuwa a nan aka haife ta, inda iyaye ke rubuta sunan 'ya'yansu a kwali suna ɗagawa sama.

Seth ya ba da shawara a kira uwar a zaunar da ita, a nuna mata amfanin ƙarfafa wa yaro gwiwa. Rumasa'u ta ce ya dakata tukuna. Da safiyar Juma'a ta buɗe bidiyon wasanni shida da suka wuce, ta ɗauki biro da takarda, duk inda ta ji muryar Hindou sai ta tsayar ta duba abin da ke faruwa a fili. Sau goma sha tara Hindou ta ƙwala "Jolene!" A cikin goma sha bakwai, Jolene ba ta ko kusa da faifan. Nadia ce ta ƙwace, Nadia ce ta tare, Nadia ce ta zube a gaban raga.

Bayan azahar ta tuƙa zuwa shagon. Ta tarar Hindou ta gama wa wata kitso tana share gashi.

"Anti Hindou, ina wuni?"

"Lahiya lau, Malama. Ke da ba ki da lokacin kitso, me ya kawo ki?"

Suka gaisa sosai, aka kawo shayi. Sannan Rumasa'u ta ce, "Anti, kina son wasan Jolene da alama."

Hindou ta kawar da kai. "Yarinyar kirki ce."

"Ranar Asabar da aka tare bugun nan na ƙarshe, na ji kin kira ta. Ita kuwa tana can wancan gefe tana gyara hular kwano."

Hindou ta rufe baki da gefen mayafi. "Kai, Malama, ba ki da dama! To me zan yi? Abin yana taso mini a ƙirji, in ban yi ihu ba sai in fashe. In tsaya cikin mutane ina kiran waccan? Da wane bakin?"

"Ta ce za ta bar wasa, Anti. Gani take ba ki damu da ita ba."

Tsintsiyar ta tsaya. Hindou ta ɗago kai. "Ni?" ta ce a hankali. "Ranar da ta soma wasan nan, kafin ta tashi daga lakwal, makarantarsu, na je na taka ƙanƙarar nan da ƙafata, in ji ko za ta ɗauke ta. Har na faɗi." Ta goge ido. "Amma sunan nan ba zai fito ba, Malama. Na gwada a mota ni kaɗai."

"Ba sai ya fito ba. Ki zo gobe ki yi yadda kika saba."

Ranar Asabar, kafin a shiga fili, Rumasa'u ta canza jeri. Ta mai da Jolene wajen wata, ta haɗa Nadia da Tamika, yarinyar da Hindou ba ta taɓa ambata ba. Seth ya ɗaga gira, don an fi wata biyu ba a taɓa jerin ba. Ta ja Nadia gefe.

"Ba zan roƙe ki ki zauna ba. Abu ɗaya nake so. Yau ki saurari mamanki, ki lura da lokacin da take ihu, da abin da ke kika yi kafin nan."

Sau biyu Jolene ta shiga ta fita, har ta yi wani ƙwacen faifai mai kyau. Daga wajen Hindou ba a ji komai ba. A minti na tara 'yan ɗaya ƙungiyar suka taho su biyu, Nadia kaɗai a gabansu. Ta ja da baya, ta ja, ta ƙi ba su tsakiya, da mai faifan ta ɗaga gora sai ta zube. Faifan ya daki ƙaurinta ya fita.

"Tamika!" Muryar ta cika filin. "Tamika! Haka nan, Tamika!"

Tamika, da ke can baya tana haki, ta waiga tana neman abin da ta yi. Nadia ta miƙe a kan gwiwa ɗaya, ta ɗaga kai ta dubi sama inda iyaye ke zama. Ta daɗe tana kallo har sai da Seth ya yi mata tsawa ta koma wurinta. Sau huɗu kuma aka kira Tamika a ranar. An ci su biyu da ɗaya.

A wurin ajiye motoci Rumasa'u tana loda gora a but ta jiyo su. Nadia ce ta soma magana, da Hausarta mai gargada.

"Mama, Tamika ta yi ƙoƙari yau, ko?"

"Ta yi," in ji Hindou, tana laluben makulli a jaka. "Amma ki gaya mata ta rage zubewar nan a gaban abin. Uwarta ba ta iya numfashi in ta gani."

"Zan gaya mata."

Nadia ta jefa jakarta a bayan mota, ta juyo ta ɗaga murya. "Koci! Talata ƙarfe nawa?"

"Biyar da rabi," in ji Rumasa'u. "Kada ki makara."