Kunyar 'yar fari a hawa na sha tara

Ni dai tarbiyya aka ba ni, kuma na riƙe ta da kyau, har ta kusa cinye min 'ya.

A gidanmu a Kano uwa ba ta hira da 'yar fari. Ba ta kiran sunanta, ba ta yi mata wasa. Kunya ce. Kaka da gwaggo da maƙwabta su ne ke cika wa yarinya kunne da magana. Da maigida ya kawo ni Panyu a ƙasar Sin na haihu, sai na ci gaba da kunyata a ɗaki biyu, hawa na sha tara, inda babu mai ganina sai injin wanki. Shi kuma yana kasuwar Tianxiu yana ɗaure kaya har magariba. Tsohuwar da ke ƙofar kusa da mu ba ta san kunya ba, ita ta yi ta surutu da yarinyar da Sinanci.

Rannan Inna, mahaifiyata, ta kira a bidiyo. Ta ce, "Kishiyata, kin ci abinci?" Yarinya ta dube ta, ta gaishe ta da Sinanci, "Ni hao." Inna ta ce, "Madalla. Wannan baƙuwar 'yar wace ce?"

Na kasa cin abinci. Maigida kuwa, don ya kwantar min da hankali, sai ya nuna min wasu mutanen Amurka a waya, wai Cherokee. Tsofaffinsu na ƙarewa da harshensu a baki, yanzu ana zaunar da yara a gabansu su saurara tun kafin a rasa su. Ya ce, "Kin ga, ba mu kaɗai ba ne." Sannu da lallashi! Su, hana su harshensu aka yi a makaranta. Ni ba wanda ya hana ni, ladabi ne.

Na kira Inna, na tambaya ko laifi ne in bar kunyar. Ta ce, "Kunyar wa? Mutanen Sin ne za su kai ki ƙara wurin gwaggonki? Buɗe baki ki yi wa 'yarki magana."

Ranar da na fara, yarinyar ta tambayi ubanta ko ba ni da lafiya.

Yanzu ta iya gaisuwa. Na koya mata har da durƙusawa, don ba na son aiki rabi. In Inna ta kira, sai ta zube ƙasa ta ɓace daga hoton, Inna na kallon labule, murya na fitowa daga ƙasa: "Ina kwana, Inna." Inna ta ce a bar ta haka, labulen ma ya fi ni Hausa.