Agola Ba Ya Dasa Itace

Ranar kasuwar Birnin Kudu ina tsaye ina jiran a gama ɗinke min buhunan riɗi, sai idona ya faɗa kan wani ɗan littafi a tabarmar mai sayar da littattafan gwanjo. Na duƙa na ɗauka. Na yara ne, hoto ya fi rubutu yawa, bangon ya sha hannu har ya yi laushi, yana warin takardar da ta daɗe a sito. Turancina na kasuwa ne, amma bai gagare ni ba. Labarin wani yaro ne da iyayensa suka rabu, uwar ta yi wani aure. A wani shafi an zana shi tsaye tsakanin gidaje biyu da jaka a baya. A shafi na gaba wani babba ya tsuguna har kansa ya zo daidai da na yaron, yana yi masa bayani.

Abokin sana'ata ya leƙo ta kafaɗata ya ce, "Alhaji, wannan ai ɓata yara ne. Mu wa ya zaunar da mu ya yi mana bayani? Ga shi kuma mun girma."

Na ce, "Kai a gaban uwarka da ubanka ka girma. Bar waɗanda abin ya shafa su yi magana."

Ni abin ya shafe ni, mai karatu, shi ya sa zan yi magana.

A Gwaram aka haife ni. Babana direban babbar mota ne, kwanansa a hanyar Kano ya fi kwanansa a gida yawa. Ina da kamar shekara takwas wata safiya na ga ana fitar da kayan ɗakin inna. Aka ce min ganin gida za mu je Maruta, garin su inna. Ko a lokacin na lura ba a ɗaukar gado da tukwane in ganin gida za a je, amma da na buɗe baki sai aka ce yaro ba ya tambaya. Tunda an hana ni tambaya, sai na ba wa kaina amsa. Kwanaki kaɗan kafin nan na saki rediyon baba ta fashe, ya yi wa inna faɗa a kai har maƙwabta suka ji. Na haɗa wannan da wancan, na yanke cewa ni na kashe auren. Na riƙe wannan a cikina, ban gaya wa kowa ba.

Da damina ta wuce inna ta auri wani manomi a wani ƙauye kusa da Birnin Kudu, a gindin duwatsu. Baba ya ce in bi ta har in yi ƙarfi, tunda shi ba mazauni ba ne. A bakin rijiyar ƙauyen na fara jin sunan da za a kira ni da shi. Wata mata ta nuna ni da haɓa ta ce wa 'yar'uwarta, "Agolan gidan ne." Ɗan da ya biyo uwarsa gidan wani mijin ke nan. Ba zagi ta yi ba, a ganinta. Bayani ta yi, kamar yadda za ka ce wannan akuyar aro ce.

Gaskiya ban sha wuya a gidan ba, kuma ba zan ƙirƙiri wuyar da ban sha ba don labari ya yi daɗi. Mijin inna mutum ne mai ƙarancin magana. Yana da 'ya'ya maza biyu da uwarsu ta rasu ta bari, akushi ɗaya muke ci da su, yadi ɗaya ya yanka mana na sallah. Akwai ƙanensa da yaran ke kira baffa, wanda suke noma tare. Akwai kuma tsohuwa, uwar su biyun, mai goro a kumatu kullum, wadda take tsokanar jikokinta tana ce musu mazajenta, su kawo kuɗin cefane ko ta kai ƙara. Ni ba ta tsokanata. Sannu kawai take ce min, yadda ake ce wa baƙo.

Inna kuwa, ni ne ɗanta na fari. Ka san alkunyar mutanenmu. Ba ta kiran sunana, ba ta kallona a cikin mutane, ba ta shiga maganata ko da gaskiyata a fili take. Saboda haka abin da na rasa a gidan ba tuwo ba ne. Ban san ko zama na zo yi ko jira ba. Duk motar da ta tsaya a bakin titi sai in ɗauka ni aka zo ɗauka.

Da bazara ta yi nisa, zafi ya kai inda ƙasa ke ƙona tafin ƙafa, hadari ya fara haɗuwa ta gabas yana watsewa, sai mijin inna ya kai mu gona. Babbar gonar gidan, gandu, ta kowa ce, a nan ake noma abin da gida zai ci. Amma akan yankar wa kowane yaro ɗan fili a gefe, gayauna, ya noma ranar Juma'a, abin da ya samu nasa ne. Ya auna wa 'ya'yansa da ƙafa, sannan ya ci gaba da takawa ya auna min nawa daidai da nasu, ya kafa dutse a kowace kusurwa. Ranar ban ji zafin ƙasar ba.

Ruwa ya sauka, muka yi shuka. Wata safiya inna ta aike ni zubar da shara, sai na ga ƙwallon mangwaro ya tsiro a juji, ganyensa jajaye masu sheƙi, laushinsu kamar kunnen ɗan akuya. Na haƙo shi da ƙasarsa a fasasshiyar ƙwarya, na kai tsakiyar gayaunata na dasa, na kewaye shi da ƙaya. Ni ɗan direba ne, a gari na tashi. Babu wanda ya taɓa gaya min cewa ba a dasa itace a ƙasar da aka ara maka. Gero da gyaɗa watanni ne, ka girbe ka tafi. Itace kuwa yana daɗewa fiye da wanda ya dasa shi, kuma duk wanda ya dasa, 'ya'yansa za su iya zuwa wata rana su nuna shi su ce nan na ubansu ne. Kowane yaro a ƙauyen ya san wannan. Ni kaɗai ban sani ba.

Baffa ne ya gani, lokacin noman farko. Bayan la'asar aka kira ni zaure. Mijin inna yana zaune a kan buzu, baffa yana tsaye. Na san inna tana bayan katanga tana ji, na kuma san ba za ta ce uffan ba.

Mijin inna ya ce, "Yaro ne. Bai sani ba."

Baffa ya ce, "Yaya, yau bai sani ba. Ranar da babu ni babu kai, zai sani. Agola ba ya dasa itace. Ko ya je ya cire da hannunsa, ko ranar kasuwar Gwaram a sa shi a mota a kai wa ubansa."

Da hannuna yake so, don in shi ya cire, wata rana za a iya cewa ƙwace aka yi min. In ni na cire, na yarda da bakina ke nan cewa ba ni da komai a wurin. Baffa ya san abin da yake yi.

Mijin inna ya dube ni ya ce a hankali, "Je ka cire, ka ji? Zan saya maka mangwaro a kasuwa."

Na ce, "Ba zan cire ba."

Ba a taɓa jin yaro ya faɗi haka a zauren nan ba. Baffa ya ɗaga hannu, yayansa ya riƙe. Aka sake tambayata, na sake faɗa. Ban san dokar ƙasa ba, amma na san abu ɗaya. Duk abin da na mallaka a ƙauyen zai shiga jaka guda, in ban da wannan tsiron. In na cire shi, na zama mai jiran mota.

Washegari da hantsi tsohuwa ta kira ni in ɗaukar mata kwando zuwa garkarta, wani ɗan fili a bayan gida inda take shuka kuɓewa da yakuwa. Da muka isa ta zauna a kan dutse, ta ce in zauna a gabanta. Ta tauna goronta tana kallona.

Ta ce, "An gaya maka abin da ya kawo ku gidan nan?"

Na ce ganin gida aka ce.

Ta tofar ta ce, "Ƙarya aka yi maka. Ubanka ya saki uwarka. Auren ya ƙare, ba za ta koma ba. Nan ne gidanta yanzu. Shi yana nan ubanka, ita tana nan uwarka, wannan babu mai sakinsa."

Ban san lokacin da na ce mata ni na jawo ba. Na ba ta labarin rediyo. Ta yi dariya har tari ya sarƙe ta.

"Rediyo? Da rediyo tana kashe aure da ba a bar ko ɗaya a ƙasar nan ba. Zama ne ya ƙi musu tun kana goye. Kai ba ka isa ka kashe auren manya ba, ɗan ƙaramin abu da kai."

Shekara guda ina ɗauke da abin nan, tsohuwa ta sauke min shi kafin goron bakinta ya ƙare. Kuma ba ta lallashe ni da ƙarya ba. Ta ce baffa bai faɗi abin da ba haka ba. Ba zan gaji gonar gidan ba, gadona yana Gwaram wajen ubana. Amma ci da sha da wurin kwana, da noma gayauna duk Juma'a, waɗannan nawa ne muddin ina so.

Na ce, "Amma ba zan cire ba."

Ta ce, "Ji min taurin kai. Irin mijin da nake nema ke nan, ba waɗancan ragwayen ba. Tashi, mai gidana, ɗauko fartanya. Ka haƙo tsiron da ƙasarsa ka kawo nan."

Garkar ba ta cikin gandu. Gadonta ce daga ubanta. Ta aika aka kira 'ya'yanta biyu, suka tsaya suna kallo ina dasawa a gefen yakuwa. Baffa ya fara cewa, "Inna, ai nan ma wata rana..."

Ta katse shi. "Wata rana ba ta zo ba. Da raina da hankalina na ba yaron nan daga dutsen nan zuwa dangar can. Ku shaida. In kuna jin kunyar shaida, a kira liman."

Suka shaida.

Mangwaron bai yi ba. Da rani ya shigo akuyar tsohuwar da kanta ta tsallake ƙaya ta cinye shi har ƙasa. Na yi kuka, ta ce in kai akuyar ƙara wajen mai unguwa. Amma maganar sa ni a mota ba ta sake tashi ba. A filin nan na noma gyaɗar da na fara aunawa a kasuwa, daga nan sana'ar ta kama hannuna. A gidan na girma. Da mijin inna ya rasu ina cikin masu ɗaukar makara, da aka zo rabon gado kuma na tashi na ba su wuri, don ba ni da haƙƙi a ciki kuma ban taɓa cewa ina da shi ba. 'Ya'yan baffa ni suke kawo wa riɗinsu yanzu, ba na tauye musu mudu. Filin tsohuwa bai kai faɗin sitona ba. An nemi in sayar ya fi sau nawa, na ce ba na sayarwa ba ne.

Abubuwa da yawa sun canza. Hanyar da muke bi a bayan akori-kura yanzu babur ke cinye ta kafin ka gama waya. Amma sakin aure bai ragu ba, kuma har yau ina ganin yara a bayan babur an ɗora musu ƙunshin kaya, an ce musu ganin gida za a je. Muna kiran wannan shirun kunya da kawaici. Ni na san abin da yaro ke cusawa a cikin shirun in an bar shi shi kaɗai. Littattafan da ake yi wa irin waɗannan yara ba ɓata su suke yi ba, aikin tsohuwar nan suke yi a gidan da babu irinta. Abin da ke damuna kawai, yawancinsu da Turanci suke, gidajen ciki ba irin namu ba. Babu wanda ya san gayauna, babu wanda ya san uwar da ba ta iya kiran sunan ɗanta. Masu alƙalami a cikinmu su rubuta namu da Hausa. In ba mai saye, ni zan saya in raba a makarantu.

Matar da na aura bayan uwargidana ta rasu bazawara ce, ta zo da 'yarta. Tun makon farko na zaunar da yarinyar a kan buhu, na gaya mata abin da ya faru tsakanin iyayenta daidai hankalinta, da abin da yake nata a gidana da wanda ba nata ba. Bara na yanki fili a cikin abin da na saya da gumina, na ba ta a gaban liman da mai unguwa. Da mutane suka watse babban ɗana ya biyo ni har mota, ya rage murya ya ce, "Baba, agola ce fa."

Na ce, "Na sani. Kai ma agola ne ya haife ka."