Baba Haruna da Sabararsa

Duk wanda ya taɓa shigowa gidanmu na Nassarawa GRA ya san Baba Haruna mai kula da lambu, kuma ya san ba a ganinsa sai da ganyen sabara maƙale a bakin hularsa. Sabara fa, wannan guntun icen mai ganye toka-toka da ke cika gonaki a ƙauye, wanda ko akuya sai ta rasa abin ci take waiwayarsa. Shi kuwa Baba, mutumin wajen Gumel, a duniya ba shi da abin ƙauna kamarta. Akwai guda ɗaya a bayan gidanmu, jikin katanga, ita ce 'yar lelensa.

Rigimar ta fara ne ranar da Hajiyarmu ta sayo fulawoyi cike da bayan mota. Tana zagayawa baya ta ganta.

"Malam Haruna, wannan dajin fa? A sare shi yau."

"Hajiya, tun kafin Bature ya zana unguwar nan tana nan. Mu ne baƙi."

"Na ce a sare!"

Ya sare kuwa, har ƙasa, fuskar nan kamar an aiko masa da mutuwa. Ba a rufa wata guda ba sai ga ta ta tofo, ta fi da kyau. Hajiya ta kira shi tana huci.

"Wallahi na sare, Hajiya," in ji shi. "Ni na ji maganarki. Ita ce ba ta ji ba."

Hajiya ta ce to a tone saiwar, ko kuma ya nemi wani aikin. Washegari da safe muka iske shi zaune a gindinta, ya ɗaure 'yan kayansa a buhu, har da butarsa. Mutumin da ke da iyali a ƙauye suna jiransa fa! Ya ce in korar ce, a kore su tare. Alhajinmu ya yi dariya har da riƙe ƙofa, ya ce, "Hajiya, ki haƙura, sun fi ki yawa."

Sai ga wata bazara injin bohal ɗinmu ya lalace, aka yi kwanaki ana neman mai gyara. Ruwan sha ma saya muke wajen 'yan garuwa daga Giginyu, balle na fulawa. Kafin a gyara duk sun bushe ƙurmus. Sabara kuwa ko a jikinta. Kai, Baba ya samu abin yi! Duk baƙon da ya shigo sai ya ja shi baya. Har Malama Rifkatu maƙwabciyarmu, malamar makaranta 'yar Zariya, sai da ya tsare ta da jakarta a hannu.

"Malama, kin ga 'yan gayun nan? Kwana biyu ba ruwa sun miƙe ƙafa. Zo ki ga 'yar gida. Ɗan gida ba ya roƙon ruwa."

A wajensa kuma sabara maganin komai ce: tari, ciwon ciki, ƙurji, har abin da ba a kai wa likita. Lokacin da budurwar Yaya Nura ta auri wani, ya kwana uku ba ya cin abinci, Baba ya tafasa ganyen ya cika kofi ya kai masa. Yaya ya kurɓa, ya yamutse fuska, ya yi waje yana tofarwa.

"Baba, wannan wane irin ɗaci ne? Kashe ni za ka yi?"

"Tsaya. Da kake sha, ka tuna da ita?"

"Ina na ga ta tunawa!"

"To ka gani, ya fara aiki. Shanye."

Amma wanda ba na mantawa shi ne na wani ɗan kwalisa mai sayar da shuke-shuke, da ya zo da yayin itatuwan gargajiya. Ya yi wa Hajiya Turanci, ta sayi wani ɗan tsiro a tukunya mai fenti, da sunansa a rubuce jikin kwali, da tsadarsa. Ta kira Baba ta ce ya lura da shi sosai, ba irin na ko'ina ba ne. Baba ya durƙusa, ya murza ganye ɗaya, ya sansana, ya daɗe bai ɗago ba.

"Hajiya, ai ƙanwar ta bayan gida ce. Boko kawai ta yi."

Hajiya ta dubi tukunyar, can ta fashe da dariya. Daga ranar ba ta ƙara cewa a sare ba.

Da ciwonsa na ƙarshe ya yi tsanani, da kansa ya ce a kai shi asibiti, abin da bai taɓa yi ba. Na je duba shi, ya rame, sai idanu. Don in sa shi dariya na ce, "Baba, ko in tafaso maka ne?"

Ya yi murmushi, ya girgiza kai. "A'a, 'yar nan. Wannan ba na ganye ba ne."

Kwana biyu tsakani ya cika.

Allah Ya jiƙan Baba Haruna, Ya yafe masa kurakuransa, Ya haskaka kabarinsa, Ya dubi bayansa. Mu kuma in tamu ta zo, Allah Ya sa mu cika da imani.